Wa Ya Riƙe Kyamarar? Magana Kan Sana'ar da Muka Raina

Idan aka tare yaro a Fakku ko Kebbe ko Tambuwal aka ce ya lissafa 'yan wasan fim ɗin Hausa guda goma, kafin a shanye ruwan moɗa ya gama. Zai kawo Ali Nuhu, ya kawo Adam A. Zango da Rahama Sadau, ba zai manta da marigayi Rabilu Musa Ibro ba. Amma a ce masa ya faɗi sunan mutum ɗaya tak wanda ya riƙe kyamara ya ɗauki waɗannan fuskoki, sai ya yi zuru. Ba laifin yaron ba ne, gama mu manya ma haka muke. Da zarar wasa ya ƙare sunaye sun fara hawa, sai kowa ya miƙe ya kakkaɓe riga, alhali kuwa a cikin sunayen nan ne wanda ya ara mana idonsa na sa'a biyu yake.

Abin da muke so mu faɗa a wannan fili shi ne, ɗaukar hoton fim da na talabijin sana'a ce sosai, kamar ƙira da saƙa da gini, ana koyonta ne a hannun gwani shekara da shekaru. A da akwai tsanin da yaro kan hau mataki mataki har ya ƙware. Wannan tsani ya karye a Arewa, kuma mu iyaye, da mu masu ba da aikin ɗaukar biki da taro, muna da hannu wajen barinsa a karye.

Bari mu fara da aikin kansa, domin da yawa cikinmu muna tsammanin danna maɓalli ne kawai. A wurin ɗaukar fim darakta shi ne mai labari, shi ke faɗa wa 'yan wasa abin da za su yi. Amma yadda abin zai fito a idon mai kallo, wannan na mai ɗaukar hoto ne. Shi ke zaɓen inda za a kafa kyamara, a tsaye ko a durƙushe, kusa ko nesa. Shi ke zaɓen gilashin da za a ɗaura mata, wanda zai kwaso fili gaba ɗaya ko wanda zai jawo fuska ɗaya ya bar sauran duniya a dishi-dishi. Fiye da kome kuma, shi ne mai mulkin haske. Wanda bai san haske ba bai san aikin ba, ko da kyamararsa ta miliyan nawa ce.

Mu ɗauki misalin da kowa ya sani a ƙasarmu. Dattijo baƙi ya sa farar babbar riga, ya zauna a ƙofar gida da tsakar rana a watan Afrilu. Idon mutum yana ganin rigar da aikin da ke wuyanta, yana kuma ganin fuskar da tsagen da ke kumatu, duk a lokaci guda. Kyamara ba ta da wannan baiwa. In aka saita ta domin rigar, fuskar ta zama baƙin dunƙule, ba ido ba hanci. In aka saita ta domin fuskar, rigar ta ƙone ta zama farin fili. Gwani ya san abin yi: ko ya matsar da dattijon ƙarƙashin inuwar darbejiya, ko ya sa yaro ya riƙe farin allo daga gefe ya mayar da haske kan fuskar, ko kuwa ya ce a dakata sai la'asar sakaliya, sa'ad da rana ta kwanta haskenta ya yi laushi. Haka kuma ya san abin da hazon hunturu ke yi wa launi, ya san yadda zai haskaka ɗakin laka mai taga ɗaya ba tare da ya mai da shi kamar kanti ba. A lura kuma, shekaru da yawa kamfanonin da ke yin fim ɗin ɗaukar hoto a Amurka da Turai da fatar Bature suke gwada kayansu, saboda haka masu ɗaukar hoto na Afirka sai da suka nemo dabarunsu na fito da baƙar fata da kyaunta. Wannan ilimi ba ya zuwa a cikin kwalin da aka sayo kyamara.

To, a ina mutanen da suka koya? Tsofaffinmu suna tunawa da majigi, wato motar gwamnati da kan shigo gari da yamma a kafa farin ƙyalle a filin kasuwa ko ƙofar fada, a nuna fim kan tsabta da allurar rigakafi da noma. Asalin wannan tun zamanin Turawa ne, sa'ad da aka kafa Sashen Fim na Mulkin Mallaka a 1939 a ƙarƙashin William Sellers, wanda dā ma'aikacin kiwon lafiya ne a Ikko. Daga baya Gwamnatin Jihar Arewa ta yi nata sashen a Kaduna. Kowa ya san manufar Bature ba ta rasa son kai ba, amma a wannan sashe ne 'yan Arewa na farko suka taɓa kyamara. A nan Adamu Halilu, haifaffen Garkiɗa a 1936, ya yi aiki, ya yi fina-finan wayar da kai masu yawa kafin ya kai ga manyan ayyukansa. Sai talabijin ta zo: Ibadan a 1959, Kaduna a 1962, daga baya Jos da Kano da Sakkwato, har aka haɗa tashoshin a ƙarƙashin NTA a 1977. Wasannin da suka tara mu gaban akwati ɗaya a unguwa, irin su Samanja daga Kaduna, Karkuzu daga Jos, da Idon Matambayi daga Sakkwato, duk akwai ma'aikatan da suka tsaya bayan kyamara suka ɗauke su, masu albashi, masu shugaba a kansu, masu ƙa'idar aiki.

A irin waɗannan wurare yaro ba ya fara da kyamara. Yakan fara da naɗe waya da ɗaukar ƙafar kyamara mai ƙafa uku. In an ga hankalinsa, a koya masa sa fim a cikin gwangwaninsa, aikin da ake yi da hannu cikin baƙar jaka ba tare da ido ya gani ba, domin ɗigon haske kaɗan ya isa ya lalata naɗi guda. Daga nan ya zama mai daidaita gilashi, yana auna tazarar ɗan wasa da kyamara da igiyar awo domin hoto ya fito tas. Sai bayan shekaru a ba shi kyamarar, sai bayan wasu shekarun kuma a ce shi ne shugaban hoto, mai ba da umarni ga masu fitila. Abin da ya sa aka tsananta haka, kayan ne ke da tsada. Fim yana cin hoto 24 a kowace daƙiƙa, kuma naɗi mai ƙafa 400 na ƙaramin fim, wato mai faɗin milimita 16, minti 11 kawai yake yi ya ƙare. Ba a gogewa a sake. Ba a kuma ganin abin da aka ɗauka nan take, sai an kai an wanke, sau da yawa ma sai an aika London. Mutum ya ɗauki hawan salla yau, ba zai san ko ya yi daidai ba sai bayan makonni, sa'ad da dawakai sun daɗe da komawa barga. Wanda ya taso a haka dole ya yi tunani kafin ya danna.

Ba a nan kaɗai ba, ko'ina a duniya haka hanyar take. Remi Adefarasin, wanda aka haifa a London, mahaifinsa ɗan Nijeriya, ya shiga BBC yana ɗan koyo a 1968. Sai a 1999 sunansa ya shiga jerin masu takarar kyautar Oscar saboda hoton fim ɗin Elizabeth, shi ne kuma baƙar fata na farko da ya kai wannan matsayi a fannin ɗaukar hoto. Shekara talatin ke nan tsakanin ɗaukar kaya da wannan girma. Tunde Kelani ma, wanda Yarabawa ke alfahari da shi, a tashar talabijin ta Ibadan ya fara, ya tafi makarantar fim a London, ya dawo ya yi shekaru yana ɗaukar wa wasu fim kafin ya fara ba da umarni a nasa.

Yanzu ga labarin da ya kamata ya ba mu kunya, ya kuma ba mu fata. A 1976 Adamu Halilu ya yi fim ɗin Shaihu Umar daga littafin marigayi Sir Abubakar Tafawa Ɓalewa, Umaru Ladan ya fito a matsayin Shaihun, aka shirya shi domin bikin FESTAC na 1977. Fim ne na Hausa a kan babban fim mai milimita 35, mai tsawon fiye da sa'a biyu, da ayari da raƙuma da rairayin hamada. Wanda ya ɗauki hotonsa sunansa Yusuf Mohammed. Mutum nawa ne cikinmu suka taɓa jin wannan suna? Fim ɗin kansa ɓata ya yi, har aka yi tsammanin ya tafi ke nan. Sai a 2016 aka tarar da gwangwanayensa a cikin tarin tsofaffin fina-finai da aka yi watsi da su a wani ginin gwamnati a Ikko, inda Didi Cheeka da abokan aikinsa suka shiga bincike. Cibiyar Arsenal ta birnin Berlin ta taimaka aka gyara shi, aka nuna shi a bikin fina-finai na Berlin a 2018. Watau sai da Jamusawa suka zauna a sinima suka kalli aikin Yusuf Mohammed, alhali jikokin waɗanda aka yi fim ɗin da harshensu ba su san akwai shi ba. Shi dai wannan Adamu Halilu ya yi Kanta na Kebbi a 1978, labarin ƙasarmu ta nan yamma, Surame da Kabawa. A tambaya daga Tambuwal har Argungu a ji mutum nawa suka taɓa ganinsa.

Abin da ya karya tsanin ba ɓoyayye ba ne. Da aka shigo da tsarin tsuke bakin aljihu a 1986 darajar naira ta faɗi, sayen fim da wanke shi a waje ya gagari kowa. Tashoshin gwamnati suka shiga halin ƙaƙa-ni-ka-yi, kayan aiki suka tsufa, aka rage ɗaukar sababbin ma'aikata. Ana cikin haka kyamarar bidiyo ta kaset ta shigo da arha. A 1990 ƙungiyar Tumbin Giwa ta Kano ta fitar da Turmin Danya, wanda ake lissafa shi a matsayin fim ɗin bidiyo na Hausa na farko, kafin shekara goma kuwa kasuwa ta cika, har aka raɗa wa harkar suna Kannywood a 1999. Ba mu raina wannan ba ko kaɗan. Matasa ne suka tashi da kuɗin aljihunsu, ba gwamnati ba banki, suka gina kasuwar da ta ci har Nijar da Gana da Kamaru da Sudan. Amma gaskiya ɗaya ce, a wannan kasuwa fuska ce ke sayar da kaset, sai waƙa. Mai kuɗi yakan zuba abin da yake da shi a kan jarumi da jaruma, abin da ya rage a ba mai kyamara, a ce masa a gama cikin 'yan kwanaki. Wa zai tsaya jiran la'asar sakaliya alhali jarumin yana da wani aiki gobe a wani gari? Kaset kuma ana gogewa a sake, saboda haka tsoron kuskure ya tafi, tunani kafin dannawa ya bi shi.

Wani zai ce, ai yanzu zance ya ƙare, kowa da kyamara a aljihu. Gaskiya ne wayar da ke hannun ɗan acaɓa a Kebbe tana fitar da hoton da ya fi na kyamarar kaset da aka yi fina-finan farko da ita. Amma arhar fartanya ba ta taɓa mai da kowa manomi ba. Mu dubi bidiyon bukukuwanmu mana. Amarya ta tsaya a bakin ƙofar majami'a, rana a bayanta, ta fito kamar inuwa. Ƙungiyar mawaƙa ko zumuntar mata sun yi wata uku suna koyon waƙa, sun yi anko, sun tara kuɗi da ƙyar, aka kira wani yaro da ya sayi kyamara watan jiya, ya yi ta lilo da ita yana jawowa yana turawa har mai kallo ya ji jiri, ƙarar janareta kuma ta danne muryoyin. Muka karɓa muka biya, ko kuwa muka ƙi cika masa kuɗinsa, ya tafi yana ƙunƙuni muna ƙunƙuni. Ba mu tambaye shi wurin wa ya koya ba. Da gini ne za mu ba shi, da mun tambaya.

Wani abin kuma ya fi wannan nauyi. Yankinmu na iyakar Sakkwato da Zamfara da Kebbi ya sha wuyar 'yan bindiga a shekarun nan. Duk sa'ad da abu ya faru, kafin 'yan'uwan mamaci su ji, hoton gawarsa ya riga ya zaga wayoyi ta WhatsApp da Facebook, ba sutura ba izini. Wanda ya koyi aiki a hannun gwani an koya masa cewa kyamara amana ce, akwai abin da ake ɗauka domin shaida, akwai inda ake sauke ta domin mutuncin ɗan Adam, akwai kuma fuskar da in ka nuna ta ka jefa mai ita cikin hatsari. Wannan ma cikin sana'ar yake, kamar yadda wanzami ya san inda aska ba ta zuwa.

Mun san damuwar iyaye, ba kuwa za mu yi kamar ba mu ji ba. Da yawa suna ganin harkar fim harkar shashanci ce, wurin da yaro zai lalace. Wasu kuma suna cewa ba ta da albashi ba ta da fansho, yau a samu gobe a rasa. Maganar kuɗin akwai gaskiya a ciki, gama yawancin masu wannan aiki yanzu ba ma'aikatan kowa ba ne, aiki ne ke zuwa ya wuce, kayan kuma da dala ake sayensu. Amma haka tela yake, haka makaniki yake, ba mu hana 'ya'yanmu koyon ɗinki ba. Maganar tarbiyya kuwa, mai ɗaukar hoto ba rawa yake yi ba, kuma ba fim ɗin soyayya kaɗai ake ɗauka a duniya ba. Akwai labarai, akwai shirye-shiryen noma da lafiya, akwai tallace-tallace, akwai wasannin ƙwallo, akwai tarihin garuruwa. Tun da tashar Arewa24 ta fara a 2014 da shirye-shirye masu dogon zango irin su Daɗin Kowa da Kwana Casa'in, ga kuma irin su Labarina da Izzar So da jama'a ke bi, masu kallo sun fara gane bambancin hoto mai kyau da na garaje, masu shiryawa kuma sun fara neman wanda ya iya. Yaron da muka hana shi koyo a fili, a ɓoye zai koya a hannun wanda ba mu sani ba.

Kada kuma a ce ba makaranta. An kafa Hukumar Fina-finai ta Nijeriya a 1979, hedkwatarta a Jos, Adamu Halilu ne ma shugabanta na farko. A ƙarƙashinta akwai Cibiyar Koyon Fim ta Ƙasa da aka buɗe a Jos a 1995, wadda ke haɗe da Jami'ar Jos wajen ba da digiri. A Jos ɗin dai akwai Kwalejin Talabijin ta NTA. Daga waccan cibiya Yinka Edward ya fito, haifaffen Jos, wanda ya ɗauki hoton The Figurine a 2009 ya ci kyautar Afirka da shi, ya ɗauki October 1 da Lionheart, ya kuma ɗauki The Milkmaid na 2020, fim mai yawan Hausa da aka yi a tsaunukan Taraba kan 'yan mata biyu da rikicin masu tayar da ƙayar baya ya raba. Duk wanda ya ga yadda ciyawa da shanu da fuskokin Fulani suka fito a wannan fim zai san ƙasarmu ba ta rasa kyau ba, masu ganinsa ne suka yi kaɗan. Daga Fakku zuwa Jos tafiya ce ta yini guda cur, kuɗin makaranta kuma ba wasa ba ne ga manomi. Amma muna tara wa yaro kuɗin babur, muna tara na aure. Ikkilisiyoyi da ƙungiyoyin ci gaban gari da ke taimaka wa masu karatun malanta da aikin jinya, me zai hana su sa yaro ɗaya mai ido a cikin lissafi?

Wanda bai sami zuwa Jos ba, tsohuwar hanya tana nan. A Sakkwato da Birnin Kebbi da Gusau akwai tsofaffin ma'aikatan talabijin da suka yi ritaya, suna zaune da ilimin shekara talatin a ka, ba mai tambayarsu. A kai musu yaro kamar yadda ake kai shi wurin kafinta, a yi yarjejeniya, ya naɗe waya, ya riƙe allo, ya sha faɗa. Shekara biyu a haka ta fi shekara goma ta kame-kame.

Dalilin da ya sa muka dage a kan yaron gida shi ne, baƙo abin da ya zo nema kaɗai yake gani. Duk lokacin da aka yi bikin kamun kifi na Argungu, wanda aka fara tun 1934, masu kyamara sukan zo daga Abuja da Ikko da ƙasashen waje, su ɗauki gora da homa da ƙaton giwan ruwa, kashegari su tafi. Ba wanda zai ratse daga titin Sakkwato zuwa Jega ya shigo Fakku ya zauna damina guda, ya ɗauki yadda ake gayya, yadda ake ɗaure damin gero a jera a rumbu, yadda mata ke sussuka, yadda magini ke murza tubali, yadda tsohuwa ke kaɗi da mazari. Waɗannan abubuwa suna ƙarewa a gaban idonmu, masu yinsu suna tafiya ɗaya bayan ɗaya. In ba a yi hankali ba, abin da jikokinmu za su tarar na hoton wannan yanki shi ne na ranakun masifa kaɗai, wanda aka ɗauka da waya hannu na rawa.

A halin yanzu ga abin da ke hannunmu. In za mu ba da aikin ɗaukar biki ko taro ko waƙa, mu nemi ganin aikin da mutum ya yi a baya, mu tambayi wanda ya koya masa. Mu yi ciniki tun farko, mu biya cikakke a kan lokaci, domin wanda aka riƙe wa rabin kuɗi ba zai sayi fitila ko makirfo ba. In ya ce a juya kujerun manyan baƙi domin rana, ko a matsar da janareta bayan gini, mu saurare shi. Mu sa a rubuta sunansa a jikin aikin, da sunan gari da ranar da aka ɗauka. Sa'an nan a ajiye kwafi biyu a wurare dabam-dabam, ɗaya a gida ɗaya a ofishin ikkilisiya ko na ƙungiya, a riƙa juye shi a sabon ma'aji bayan 'yan shekaru, gama kaset ɗin bukukuwan da aka ɗauka a shekarun 1990 yawancinsu zafi da ƙura sun riga sun cinye su, waɗanda suka tsira kuma samun na'urar da za ta kunna su sai an tona.